Bikin Shakespeare a idon majigin farko: abin da kyamara ta kama da abin da ta bari

A shekarar 2014 kamfanin Pathé na Birtaniya ya zuba tsofaffin finafinansa wajen 85,000 a YouTube. Wanda ya shiga cikinsu yana tone-tone zai ci karo da wasu 'yan gajerun hotuna da aka ɗauko daga Stratford, ƙaramin gari a bakin kogin Avon a tsakiyar Ingila, wajen kilomita 150 daga Landan. Da wuya ɗaya ya wuce minti biyu. Za ka ga titi an jera masa dogayen sanduna, kowace da tuta a naɗe a samanta. Manyan mutane cikin baƙaƙen kwat da dogayen huluna suna tsaye a gindin sandunan. Sai a ja igiya, tutoci su warware a tare. Daga nan jerin gwano ya miƙa, magajin gari da sarƙar mulkinsa a wuya, 'yan makaranta a sahu, mata riƙe da furanni, ana tafiya coci. Fim ya ƙare ke nan.

Bikin ranar haihuwar William Shakespeare ne, marubucin wasan kwaikwayon da Turawan Ingila ke tinƙaho da shi fiye da kowa. Mai kallo na yau, ganin hoton baƙi da fari yana rawa, zai ɗauka wata daɗaɗɗiyar al'ada ce da aka gada tun kaka da kakanni, kyamara ta zo ta tarar da ita. Ba haka ba ne. Yawancin abin da ke cikin waɗannan hotuna tsaran kyamarar ne, tare suka tashi, kuma kowannensu ya gyara wa ɗan'uwansa zama.

Ita kanta ranar da ake bikin zaɓar ta aka yi. Abin da ke rubuce a rajistar cocin Holy Trinity na Stratford shi ne an yi wa jaririn baftisma ranar 26 ga Afrilu, 1564. Ranar haihuwarsa ba a rubuta ba. Ya mutu ranar 23 ga Afrilu, 1616, kuma wannan rana ita ce ta waliyyi George, wanda Ingila ta ɗauka majiɓincinta. Da yake a lokacin ana yi wa jarirai baftisma kwanaki kaɗan bayan haihuwa, sai masana na baya suka ga babu abin da ya fi dacewa irin a ce an haife shi 23 ga wata, ya mutu 23 ga wata, a ranar waliyyin ƙasa. Ga kuma wani ƙarin ruɗani: Ingila ba ta sauya zuwa kalandar da ake amfani da ita yanzu ba sai 1752, saboda haka 23 ga Afrilun wancan zamani ta yi daidai da 3 ga Mayu a lissafinmu.

Bayan mutuwarsa garin ya yi shekara ɗari da hamsin bai yi masa wani biki ba. Wani limamin coci mai suna Francis Gastrell, wanda ya mallaki New Place, gidan da Shakespeare ya ƙare rayuwarsa a ciki, har sare bishiyar da ake cewa marubucin ne ya dasa ya yi, don masu zuwa kallo sun dame shi. A 1759 kuma ya rushe gidan baki ɗaya bayan rigimar haraji da hukumar gari. Wannan shi ne matsayin Shakespeare a mahaifarsa a lokacin.

Abin ya juya ne a 1769, kuma ba son adabi zalla ne ya juya shi ba. Hukumar gari ta gina sabon zauren taro, tana neman wanda zai ba ta mutum-mutumin da za ta ƙawata shi. Sai ta lallaɓi David Garrick, ɗan wasan da ya fi kowa suna a Landan, ta ba shi takardar zama ɗan gari na girmamawa a cikin akwatin da aka sassaƙa daga itacen waccan bishiya da aka sare. Garrick ya karɓa, ya kuma shirya gagarumin biki na kwana uku a watan Satumba, ba ma a Afrilu ba. Aka gina rumfar katako a bakin kogi, aka harba bindigogi, aka yi rawa da tseren dawaki. Ruwan sama ya ce bai san zance ba. Kogin ya cika ya tumbatsa, aka soke babban jerin gwanon da aka shirya na mutane cikin shigar jaruman wasanninsa. Abin da masu tarihi ba sa gajiya da faɗa shi ne, a duk kwana ukun nan ba a yi wasan Shakespeare ko ɗaya ba. Garrick ya koma Landan ya mayar da jerin gwanon da ruwa ya hana wasan dandamali a gidan wasa na Drury Lane, ya yi dare wajen 90 ana cika, ya mayar da asararsa har da riba. Tun daga ranar farko, ke nan, bikin Stratford abin kallo ne da aka fi cin moriyarsa a wajen garin.

Sauran ya zo a hankali. A 1824 aka kafa ƙungiyar masoyan Shakespeare ta garin, wadda ta mayar da bikin na shekara-shekara, galibi liyafar cin abinci da jawabai. A 1847 aka sa gidan da aka haife shi a gwanjo, aka yi ta raɗe-raɗin cewa P. T. Barnum, ɗan kasuwar nishaɗi na Amurka, zai saye shi ya kwashe tubalinsa zuwa ƙasarsu, sai aka yi karo-karo aka saye shi a kan fam 3,000. Jirgin ƙasa ya iso garin wajen 1860, ya buɗe hanya ga masu zuwa su koma a yini ɗaya. Iyalan Flower, masu kamfanin giya na garin, su suka ɗauki nauyin bikin cika shekara 300 da haihuwarsa a 1864, kuma Charles Flower ne ya ba da fili da kuɗi aka gina gidan wasa na tunawa da Shakespeare, wanda aka buɗe ranar 23 ga Afrilu, 1879.

To, ga inda zancen yake. Kai furanni kabari, wanda shi ne zuciyar jerin gwanon da muke gani a fim, ya fara ne a 1893, lokacin da shugaban makarantar King Edward VI, wadda ake kyautata zaton nan Shakespeare ya yi karatu, ya fara kai furanni kabarin tare da ɗalibansa. Shekara biyu bayan haka, a 1895, 'yan'uwan nan biyu na gidan Lumière suka nuna majigi ga masu biyan kuɗi a Paris. Warware tutocin ƙasashe a titin Bridge kuwa sai farkon ƙarni na 20 aka ƙara shi. A 1910 kamfanonin Pathé da Gaumont suka fara fitar da labaran majigi na mako-mako a Birtaniya, Topical Budget ya biyo su a 1911. Wato a cikin shekara ashirin ɗin da bikin ke samun kamanninsa na yanzu, a cikinsu ne kuma aka haifi sana'ar ɗaukar labari da kyamara. Dattijon da ka gani a hoton yana tafiya da furanni cikin natsuwa kamar haka aka saba tun fil azal, mai yiwuwa ya girmi al'adar da yake yi.

Kafin a yarda da abin da fim ɗin ya nuna, ya kamata a san irin na'urar da ta ɗauke shi. Akwatin katako ne mai nauyi a kan ƙafa uku, da hannu ake juya shi kamar injin markaɗe. Mai ɗauka yana juyawa a kan kimanin hoto 16 a daƙiƙa, ya ɗan ƙara ko ya rage gwargwadon haske da ƙarfin damtsensa. Da fim mai sauti ya zo aka tsayar da ma'auni a hoto 24. Idan aka haska tsohon fim da sabon ma'auni sai mutane su riƙa sauri suna ɗingishi kamar kaji. Saboda haka saurin nan da ke ba mu dariya ba nasu ba ne, laifin injin haskawa ne. Jerin gwanon Stratford a hankali ake yin sa, tafiyar kai ziyara kabari ce.

Na'urar tana kuma son rana. Cikin coci akwai duhu, kabarin Shakespeare kuwa yana can ƙurya gaban bagadi, da gargaɗin nan a rubuce a kan dutsen, na tsine wa duk wanda ya taɓa ƙasusuwansa. A bangon da ke kusa akwai gunkinsa riƙe da alƙalamin gashin tsuntsu, wanda ake sauya masa sabo duk shekara a lokacin bikin. Nan ne aikin ibadar ranar yake, idan za a kira shi haka, amma nan ne kyamarar farko ta fi rauni. Liyafar rana da jawabai ma a rufe ake yi. Wasan da ake yi da daddare a gidan wasa, shi ma haka. Abin da ya rage mata shi ne titi. Don haka mutanen Manchesta ko Glasgow da ba su taɓa zuwa Stratford ba, abin da suka sani a matsayin bikin Shakespeare shi ne tutoci da huluna da furanni, ba don su ne mafi muhimmanci ba, sai don su ne a waje.

Akwai wani abu kuma game da tutocin da ba kowa ke lura da shi ba. Fim ɗin da aka fi amfani da shi har zuwa tsakiyar shekarun 1920 ba ya ganin launin ja. Ja yakan fito baƙi ƙirin, shuɗi kuma ya fito fari-fari. Ka duba abin da wannan zai yi wa titin da aka cika da tutocin ƙasashe, waɗanda launi ne kaɗai ke rarrabe yawancinsu. Tutar Birtaniya kanta takan fito kamar an juya ta, shuɗin ya kwaranye, jan ya yi duhu. Bikin da aka shirya don ido ya sha launi, sai ya iso ga masu kallo a wanke.

Babban abin kuwa, na'urar bebiya ce. Mutumin da duk darajarsa a magana take, an yi shekaru ana girmama shi a hoton da ba ya furta ko kalma ɗaya, sai 'yan rubuce-rubucen da ake saƙawa a tsakani, da mai kiɗan fiyano a gaban allo yana raka hoton da abin da ya ga dama. Wannan matsala ba masu ɗaukar biki kaɗai ta dama ba. Fim ɗin Shakespeare mafi tsufa da aka sani shi ne na 1899, inda aka ɗauki ɗan wasa Herbert Beerbohm Tree a wasan Sarki John, kuma abin da ya tsira daga ciki wajen minti ɗaya ne, sarki na murƙususun mutuwa a kan kujera. A 1911 aka fitar da wasan Richard na Uku wanda Frank Benson da 'yan wasansa suka yi a kan dandamalin gidan wasan Stratford ɗin kansa, kyamara a kafe wuri ɗaya kamar ɗan kallo a kujerar tsakiya. Benson ne ya riƙe wasannin bikin garin tun daga 1886 har wajen shekara talatin. A ganina, idan aka ajiye waɗannan finafinan wasa kusa da na titi, na titin sun fi rai. 'Yan wasa ba murya suna ta wurga hannuwa kamar masu korar ƙuda, alhali jerin gwano bai taɓa buƙatar magana ba.

Sai batun kasuwa, don ba don tarihi aka ɗauki hotunan nan ba. Kamfanin labaran majigi yakan fitar da kashi biyu a mako, kowanne wajen minti biyar, a cusa labari huɗu ko biyar a ciki: sarki ya buɗe asibiti, tseren dawaki, gobara, sabon yayin tufafi. Edita na son abin da ya san ranarsa tun da wuri, ya san inda zai kafa kyamara, ya san ba za a fasa ba. Bikin shekara-shekara irin na Stratford ya cika duk waɗannan sharuɗɗa, shi ya sa ake komawa, kuma shi ya sa hoton bana ke kama da na bara har a rasa gane wanne ne wanne sai da kwanan wata. Garin ma ya san amfanin abin. Wurin da mutanensa ba su kai 10,000 ba, wanda ke rayuwa da kasuwar amfanin gona da giya da baƙi, ya samu tallan da ake nunawa a silimomin ƙasa kyauta. Kowa ya ci, kowa ya lashe hannu.

Akwai kuma wani nau'in fim na zamanin, na 'yan gari don 'yan gari. A 1994 aka gano nadin fim wajen 800 na kamfanin Mitchell da Kenyon a cikin ganguna a ƙarƙashin wani shago a Blackburn. Sana'arsu ita ce su ɗauki ma'aikata suna fitowa daga masaƙa, ko jerin gwanon unguwa, a wanke fim ɗin a nuna shi a rumfar kasuwa cikin 'yan kwanaki, mutane su biya don su ga fuskokinsu. Wannan ne ya sa mutanen wancan zamani ba sa kauce wa kyamara. Yara kan bi ta, su ɗaga hula, su yi tsalle a gabanta. Idan ka ga yaro ya fita daga sahu ya ƙura wa gilashin ido a hoton Stratford, ya san abin da yake yi, yana fatan ganin kansa a allo.

Tutocin kuwa ba ado ba ne kawai. Ana gayyatar jakadu daga Landan, kowa ya ja igiyar tutar ƙasarsa, kuma saƙon a bayyane yake: duniya ce ta zo gaisuwa gidan marubucin Ingila. A zamanin da Birtaniya ke mulkin kusan rubu'in duniya, wannan hoto yana da aikin da yake yi. Ta wannan hanyar ce dai, ta makarantar boko da jarrabawar fita sakandare, Shakespeare ya iso ƙasar Hausa, har Ibrahim Yaro Yahaya ya mayar da ɗaya daga cikin wasanninsa zuwa Daren Sha Biyu. Amma mallakar Shakespeare ba ta taɓa zama ba gardama ba. Jamusawa sun kafa tasu ƙungiyar Shakespeare a Weimar tun 1864, suna kiransa nasu. Da cikarsa shekara 300 da mutuwa ta faɗo a 1916, tsakiyar yaƙin duniya na farko, ƙasashen biyu na kashe juna a Faransa kowace kuma tana bikin marubuci ɗaya. A shekarar ce Sarki George na Biyar ya ba Benson sarautar girmamawa ta Sir a gidan wasa na Drury Lane, yana sanye da kayan wasan Julius Caesar, da takobin aro. A 1926 kuma rigima ta tashi a Stratford kan ɗaga jar tutar Tarayyar Sobiyet, wasu mazauna garin suka yi ta ƙorafi, aka ɗaga ta duk da haka, kuma Ivan Maisky, wanda daga baya ya zama jakadan ƙasar a Landan, ya halarta. Hoton minti ɗaya ba zai gaya maka ko ɗaya daga cikin waɗannan ba. Sanda da ƙyalle kawai zai nuna maka, ƙyallen ma, in ja ne, baƙi.

A wannan shekara ta 1926, ranar 6 ga Maris, makonni kaɗan kafin biki, gobara ta cinye gidan wasan 1879. Marubucin wasan kwaikwayo George Bernard Shaw, wanda ya daɗe yana kushe ginin, bai ɓoye farin cikinsa ba. Da aka rasa inda za a yi wasannin bikin sai aka koma gidan silimar garin, aka yi shekara shida ana wasan Shakespeare a gaban inda allon majigi yake. Aka tara kuɗi, Amurkawa suka ba da kaso mai tsoka, aka yi gasar zane wadda wata matashiya, Elisabeth Scott, ta lashe. Yarima mai jiran gado ya buɗe sabon ginin ranar 23 ga Afrilu, 1932. Zuwa lokacin labaran majigi sun sami murya, tun daga 1929 da kamfanin British Movietone ya fara. Sai dai muryar da ta zo ba ta Shakespeare ba ce, galibi ta mai sharhi ce, yana gaya wa masu kallo abin da ya kamata su ji. Daga nan hoton ya rage shiru, ya kuma rage sakin baki, domin bebe ya fi barin ka ka ga abin da ba a nufa ka gani ba.

Masana kan yi muhawara ko ya dace a kira irin waɗannan hotuna fim ɗin tarihi na gaskiya, tunda kalmar da Turawa ke amfani da ita yanzu ga wannan nau'i, wato documentary, sai a 1926 mai shirya fim John Grierson ya yayata ta, kuma shi yana nufin aikin da aka tsara da tunani, ba ɗaukar abin da ya gifta kawai ba. Masu ɗaukar Stratford ba su ɗauki kansu masu fasaha ba, ma'aikata ne da ke son kama jirgin yamma su kai fim Landan a wanke. Duk da haka hotonsu ba abin da ya gifta ba ne tsantsa. An zaɓi kusurwa, an san inda manya za su tsaya, manyan ma sun san inda kyamara take. Tsakiyar hoton shiryayye ne. Ni gefe nake kallo: allunan shaguna, keken doki da mota a titi ɗaya, yadda hulunan mata ke ƙanƙancewa daga shekara zuwa shekara, wa ke cikin sahu wa kuma ɗan sanda ya tsare a bakin hanya. Wanda ya ɗauka bai damu da waɗannan ba, shi ya sa bai gyara su ba.

Abin da ya iso gare mu ma ragowa ne. Har zuwa farkon shekarun 1950 ana yin fim ɗin silima da sinadarin naitret, wanda ke kamawa da wuta cikin sauƙi, ya ci gaba da ci ko an tsoma shi a ruwa, in kuma an ajiye shi a zafi ya narke ya zama danƙo, daga baya ya koma gari. Labaran majigi kuwa kayan mako ɗaya ne, ba wanda ya ɗauke su abin ajiya. Binciken da ɗakin karatu na majalisar dokokin Amurka ya fitar a 2013 ya nuna kusan kashi 70 cikin ɗari na dogayen finafinan ƙasar marasa sauti sun ɓace, su da ake kashe wa kuɗi ke nan. Birtaniya ta kafa taskar finafinanta ta ƙasa a 1935, kuma a 2011 hukumar fim ta ƙasar ta buɗe sabuwar ma'adana inda ake ajiye ainihin finafinan naitret a sanyin digiri 5 ƙasa da sifili, a ɗakunan da aka gina yadda in ɗaya ya kama wuta ba zai harbi na kusa ba. Ma'adanar tana Gaydon, a wani tsohon sansanin soja, cikin gundumar Stratford ɗin nan, tafiyar da ba ta kai rabin sa'a a mota ba daga titin Bridge inda ake warware tutocin.